Amsoshin Tambayoyinku: Mama Taraba, daga kotu zuwa majalisa

Mai sauraronmu daga Jalingo, ka tambayi inda marigayiya Aisha Jummai Alhassan, wato Mama Taraba, ta samo ƙarfinta. A ganinmu, daga kotu ne. Lauya ce da ta riƙe muƙamin kwamishinar shari'a ta Taraba, ta zama babbar magatakardar babbar kotun Abuja, kafin ta kayar da tsohon gwamna Jolly Nyame a zaɓen sanatan Taraba ta Arewa a 2011. Wasu na cewa farin jini ne kawai. To amma a 2015 da hujjar doka ta tunkari Darius Ishaku kan zaɓen gwamnan Taraba, har kotun sauraron ƙararrakin zaɓe ta ba ta nasara, kodayake kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin, Kotun Ƙoli kuma ta tabbatar da sokewar.