Darasi: Wane Ne Ya Kafa Makarantar Gwamnati, Kuma Don Me?

Gabatarwa

'Yan'uwa, kowace safiya muna ganin yaranmu sanye da kayan makaranta, sun yi layi a gaban tuta suna rera taken ƙasa kafin su shiga aji. Mun saba da wannan har mukan ɗauka haka abin yake tun fil azal. Ba haka ba ne. Shekaru ɗari biyar da suka wuce, a ƙasashen Turai, ɗan talaka noma yake koya ko sana'ar ubansa, karatu kuwa na firistoci ne da 'ya'yan masu hali. A wannan darasi za mu bi sawun yadda gwamnati ta shiga harkar koyar da yara, musamman a ƙasar Jamus inda abin ya yi ƙarfi da wuri, domin mu gane abin da masu mulki suke nema a ciki.

1. Kiran ikkilisiya

A shekarar 1524 Martin Luta ya rubuta wa shugabannin biranen Jamus wasiƙa, yana roƙonsu su kafa makarantu su kuma riƙe su da kuɗin gari. Dalilinsa na farko shi ne kowane mai bi, namiji da mace, ya iya karanta Littafi Mai Tsarki da kansa. Amma yana da dalili na biyu: gari yana bukatar alƙalai da magatakarda da likitoci masu ilimi. A shekarar 1530 ya ƙara gaba cikin wani wa'azi, inda ya nuna cewa tun da hukuma tana iya tilasta wa mutum ɗaukar makami a lokacin yaƙi, tana iya tilasta masa ya sa ɗansa makaranta. Mu lura da wannan da kyau. Ikkilisiya ce da bakinta ta gayyaci hukuma cikin aikin, kuma wasu sarakuna sun amsa. A ƙaramar masarautar Gota an kafa dokar karatun dole tun 1642.

2. Abin da sarki yake so

A cikin masarautun Jamus, Purushiya ce ta fi shahara a wannan fanni. Sarkinta Firedirik Wiliyam na Ɗaya ya ba da umarni a 1717 cewa duk inda akwai makaranta dole iyaye su aika yaransu, kullum a lokacin sanyi, sau ɗaya ko biyu a mako a lokacin aikin gona. Ɗansa, Firedirik na Biyu, ya fitar da doka mai faɗi domin makarantun ƙauye a 1763, shekarar da aka gama yaƙin shekara bakwai wanda ya kassara ƙasar. Wani fasto mai suna Johann Hecker ne ya tsara ta. Yara za su fara tun suna shekara 5 har zuwa 13 ko 14, su koyi katikisim da waƙoƙin sujada da karatu da rubutu, fastocin ƙauyuka kuma su ne masu duba malamai.

To, me sarki yake nema? Talakawa masu biyayya, manoma masu biyan haraji, da sojoji masu gane umarni. Firedirik na Biyu ba mai kishin addini ba ne, amma ya ga amfanin koyarwar addini wajen ladabtar da jama'a. A 1779 ya bayyana wa ministansa cewa ɗan karatu da rubutu ya ishi yaran ƙauye, domin idan suka san abu da yawa za su gudu birni neman aikin ofis. Ashe an buɗe ƙofar ilimi, amma an auna iyakar inda ɗan talaka zai kai. A 1794 dokar ƙasa ta faɗi a fili cewa makarantu da jami'o'i cibiyoyin gwamnati ne.

3. Makaranta bayan shan kashi

A 1806 Napoliyon na Faransa ya ragargaza sojojin Purushiya a yaƙin Jena, ƙasar kuma ta rasa kusan rabin yankinta a shekarar da ta biyo. Masana suka fara tambaya: me ya sa talakawa ba su ji zafin faɗuwar ƙasarsu ba? Wani masani mai suna Fichte ya yi jerin jawabai a Barlin tsakanin 1807 da 1808, yana cewa sai an rene sabon tsara ta hanyar ilimi na bai ɗaya, yadda kowane yaro zai ɗauki kansa ɗan ƙasa. A 1809 aka ɗora wa Wilhelm von Humboldt aikin gyara ilimi, aka kuma ƙarfafa horar da malamai da jarraba su. Daga nan aikin makaranta ya wuce koyar da biyayya ga sarki, ya haɗa da dasa kishin ƙasa. Daga baya ma, a 1889, Sarki Wiliyam na Biyu ya umarci makarantu su yaƙi ra'ayin gurguzu a cikin aji.

Wasu ƙasashe sun ga wannan tsari sun ɗauka. Horace Mann na Amurka ya ziyarci makarantun Purushiya a 1843 ya koma yana yabonsu, jiharsa ta Masacusets kuma ta kafa dokar karatun dole a 1852. Faransa, bayan Jamusawa sun ci ta da yaƙi a 1871, ta mai da firamare kyauta a 1881, a 1882 kuma ta mai da ita dole, ta cire koyarwar addini daga makarantun gwamnati. Manufar ita ce a rage ƙarfin ikkilisiyar Katolika a kan yara, a kuma haɗa jama'a a kan harshe ɗaya.

4. A ƙasarmu

Turawan mulki da suka zo Nijeriya sun san wannan darasi. A 1909 Hanns Vischer, wanda ake kira Ɗan Hausa, ya buɗe makarantar gwamnati a Nasarawa cikin Kano domin 'ya'yan sarakuna da malamai, a samu waɗanda za su riƙe ayyukan mulki. A 1922 aka buɗe Kwalejin Katsina domin horar da malamai. Makarantun mishan kuwa, waɗanda iyayenmu da dama suka yi, an taƙaita su a yankunan sarakunan Musulmi. Bayan yaƙin basasa, a shekarun 1970, gwamnatocin jihohi da yawa sun karɓe makarantun mishan, a 1976 kuma aka fara shirin firamare kyauta ga kowa, da fatan haɗa kan ƙasa mai kabilu da yawa.

Abin koyo

Kada wani ya fahimci darasin nan a matsayin kira ga janye yara daga makaranta. Ko da wace niyya sarakuna suka kafa ta, yaron da ya koyi karanta umarnin sarki ya iya karanta Littafi Mai Tsarki, ya iya karanta takardar filinsa, ya kuma iya gane ranar da aka cuce shi. Wannan alheri ne babba. Abin da tarihi yake nuna mana shi ne, duk wanda ya gina aji yana da irin mutumin da yake so ya fito daga ciki. A Littafin Daniyel sura ta 1, sarkin Babila ya sa a koya wa samarin Yahuda harshe da ilimin Kaldiyawa har shekara uku domin su yi masa hidima. Daniyel ya yi karatun har ya fi sauran, amma bai yar da tarbiyyar gidansu ba.

Saboda haka iyaye, biyan kuɗin littafi bai sauke nauyin da ke kanku ba. Ku buɗe littattafan yaranku ku ga abin da ke ciki, ku halarci taron iyaye da malamai, ku tambayi yaro abin da aka koya masa yau. Malaman da ke cikinmu kuma su tuna cewa an ba su amanar koya wa yaro yin tunani da tambaya, ba haddacewa da yin shiru kaɗai ba.

Tambayoyi domin tattaunawa

1. Waɗanne dalilai biyu ne Martin Luta ya bayar domin kafa makarantu?
2. Me ya sa Firedirik na Biyu bai so yaran ƙauye su yi zurfi a karatu ba? Akwai irin wannan iyaka a kan 'ya'yan talakawa a yankinku?
3. Wane fanni na tarbiyyar yaro ne bai kamata iyaye su bar wa makaranta ba?
4. Me ikkilisiyarku za ta iya yi a wannan zangon karatu domin taimakon makarantar gwamnati da ke kusa da ita?