Lambar Mujalla Ba Ta Auna Malami

Duk mai aiki a ɗakin karatu na jami'a yakan gane lokacin neman ƙarin girma ya zo ko ba a faɗa masa ba, domin tambayoyin da ake kawo masa sukan sauya. Malamin da a da littafi yake nema, yanzu da sunan mujalla yake zuwa a 'yar takarda, a duba masa ko tana cikin rumbun mujallu na Scopus, kuma nawa ne "imfak faktonta". In lambar ta yi sama sai ka ga fuska ta saki, in babu lamba sai a ninke takardar a mayar aljihu. Wannan lamba, wato ma'aunin tasirin mujalla, kayan aikinmu ne mu ma'aikatan laburare, kuma muna cin moriyarta. Amma an ɗora mata kayan da ba nata ba tun ranar da kwamitocin ƙarin girma suka fara auna mutum da ita.

Asalinta ma ya isa ya nuna haka. Wani Ba'amurke mai suna Eugene Garfield ne ya kawo shawara a 1955, a mujallar Science, cewa a riƙa tattara bayanin wace maƙala ce ta ambaci wace. Ya kafa cibiyarsa a birnin Filadelfiya, ya fitar da kundin Science Citation Index a 1964, sannan daga 1975 aka fara fitar da lambobin mujallu a Journal Citation Reports, wanda yau yake hannun kamfanin Clarivate. Damuwar Garfield ita ce wace mujalla zai saka a kundinsa, damuwar masu laburare kuma wace za su saya da ɗan kuɗin da ke hannunsu. Lissafin ba shi da wuya. A ce mujalla ta buga maƙalu 200 a 2022 da 2023, sai aka ambace su sau 600 a cikin 2024. A raba 600 gida 200, lambarta ta 2024 ta zama 3. Shi ke nan. Babu inda lissafin ya tambayi ko maƙalar daidai ce, ko ambaton yabo ne ko kuwa ƙaryata ta ake yi. Garfield da kansa ya sha gargaɗin cewa kada a yi wa ɗaiɗaikun masu bincike hukunci da ita.

Babbar matsalar ita ce lambar matsakaici ce, kuma ambato ba ya rabuwa daidai tsakanin maƙalu. Kamar a ce attajiri ɗaya ya tare a unguwar talakawa, a haɗa dukiyar kowa a raba, sai takarda ta nuna kowa mai hali ne alhali tukwane da yawa ba a ɗora su ba. Mujallar Nature ta duba nata lissafin a 2005, ta bayyana cewa kashi 89 cikin ɗari na ambaton da ya samar mata da lambarta daga kashi 25 cikin ɗari na maƙalunta ya fito. Ke nan yawancin waɗanda suka yi bugu a cikinta inuwar wasu suke sha. Abin da ya faru da Acta Crystallographica Section A ya fi wannan fitowa fili: lambarta tana wajen 2 a 2008, sai a 2009 ta yi tsalle zuwa kusan 50. Mujallar ba ta canza ba, editocinta ba su yi wani sabon abu ba. Maƙala ɗaya ce ta George Sheldrick a kan wata manhajar kwamfuta mai suna SHELX, wadda dubban masu bincike suke amfani da ita, kowa kuma yana ambatonta. Da shekaru biyun lissafi suka wuce, lambar ta faɗo. Wanda ya yi bugu a mujallar a waccan shekarar, da kwamitin da ke bin lamba ya ba shi maki ninki ashirin da biyar fiye da abokinsa da ya riga shi da shekara ɗaya, ba don aikinsa ya fi ba.

Sannan fannonin ilimi ba gudunsu ɗaya ba. A binciken ƙwayoyin halitta da likitanci, maƙala takan tara ambato cikin watanni, kuma kowace maƙala tana ɗauke da jerin manazarta mai tsawo. A fannin lissafi, sai a shekara biyar ko goma kafin a fara gina wani abu a kan sakamako, shekaru biyun ma'aunin sun daɗe da wucewa. Masana tarihi da adabi kuwa littafi ne babban aikinsu, shi kuma ma'aunin mujallu yake ƙirgawa. Mujalla mai lamba 2 a fannin lissafi babbar mujalla ce. A binciken ciwon daji ba a ko kallonta. Jami'ar da ta kafa lamba ɗaya ga dukan tsangayoyi ta yanke wa wasu hukunci tun kafin su rubuta kalma.

A nan ne abin ya fi shafar mu. Ambaton da ake ƙirgawa shi ne wanda ya fito daga mujallun da ke cikin rumbun kamfanin Clarivate, rumbun kuma mujallun Ingilishi na Turai da Amurka ne suka cika shi. Mai nazarin karin sautin Hausa da ya buga aikinsa a Harsunan Nijeriya ta Jami'ar Bayero, ko a Harshe ta Jami'ar Ahmadu Bello, ɗalibai da malamai za su yi shekaru suna kafa hujja da shi a kundayen digiri, amma a idon wancan ma'auni ko sau ɗaya ba a ambace shi ba. Haka likitan da ya yi bincike kan cutar da ta addabi ƙauyukan yankinsa, ya buga inda abokan aikinsa za su gani. Dandalin African Journals Online, da aka fara a 1998, yana ɗauke da ɗaruruwan mujallun Afirka, kaɗan ne daga cikinsu suke da wannan lamba. In aka ce sai mai lamba za a ba maki, an ce wa matashin malami ya bar tambayar da ta dami mutanensa ya nemi wadda edita a Landan zai so.

Hujjar masu kare lamba tana da nauyi, kuma bai kamata a yi mata riƙon sakainar kashi ba. Suna cewa in aka cire lamba, me ya rage in ban da sanayya da "yaron wane ne"? Lamba aƙalla ba ta san ƙabila ko ɗariƙa ba. Gaskiya ne son kai yana nan, kuma wanda aka taɓa danne wa haƙƙi yana da dalilin fifita ma'aunin da ba ruwansa da fuska. Sai dai ita ma lambar hannun mutane ne ke juya ta. A 2013 an dakatar da mujallu huɗu na ƙasar Birazil daga jerin Journal Citation Reports, bayan an gano editocinsu suna buga maƙalu cike da ambaton mujallun juna don ɗaga lamba. Abin da ya tura su kuwa shi ne hukumar da ke tantance karatun gaba da digiri a ƙasar tana ba lambar muhimmanci. Wani bincike da Science ta buga a 2012 ya samu kusan ɗaya cikin biyar na malaman da aka tambaya, a fannonin kasuwanci da zamantakewa, sun taɓa fuskantar edita ya matsa musu su ƙara ambaton mujallarsa. A cikin lissafin kansa ma akwai ƙofa: ana ƙirga ambaton da sharhin edita da wasiƙu suka samu, amma ba a saka su cikin adadin da ake rabawa da shi. Ga kuma mujallun bogi da ke cika wa malamai akwatin imel, kowace da lambarta da wani kamfanin da ba a san shi ba ya sayar mata, tana alkawarin bugu cikin mako guda in an biya dala. Kasuwarsu a kan wannan ƙishirwar lamba ta kafu.

Hujja ta biyu ita ce lokaci: kwamiti ba zai iya karanta maƙalu talatin na kowane mai nema ba. To, wa ya ce sai talatin? A nemi mutum ya zaɓi uku ko biyar da yake ganin sun fi, ya rubuta shafi ɗaya kan abin da kowace ta ƙara wa fanninsa, masu tantancewa na waje su karanta su da gaske su rubuta dalilinsu. Hukuncin da aka rubuta dalilinsa ana iya ƙalubalantarsa, wannan kuma ya fi kare mai rauni. Wasu sun riga sun kama hanyar. Sanarwar DORA, da ta samo asali daga taron masana ƙwayoyin halitta a San Faransisko a Disambar 2012, ta nemi a daina amfani da lambar mujalla wajen ɗaukar aiki da ƙarin girma da ba da tallafi. Ƙasar Sin ta hana biyan malamai ladan kuɗi kan bugu a 2020, Jami'ar Utrecht ta ƙasar Holan kuma ta sanar a 2021 cewa ta yi watsi da lambar wajen tantance ma'aikatanta.

Mu a laburare za mu ci gaba da duba lambar idan za mu zaɓi mujallar da za mu biya wa kuɗin shiga, mu kwatanta ta da 'yan'uwanta na fanni ɗaya, domin nan ne wurinta. Malamin da wata mujalla ta aiko wa gayyatar bugu da lamba a kai, ya kawo sunan mujallar a duba masa a jerin Clarivate ko Scopus kafin ya tura ko sisi. Ku kuma da kuke zama a kwamitocin ƙarin girma, idan fayil ya zo gabanku, ku rufe shafin lambobin ku fara buɗe maƙalar.