Mu San Macizan da Ke Kewaye da Mu

'Yan'uwa, da zarar ruwan farko ya sauka aka fara sharar gona, labarin saran maciji yakan fara shigowa daga ƙauyukanmu. Yakan sake ƙaruwa lokacin girbi. Mafi yawan waɗanda abin ke samu manoma ne, da makiyaya, da mata masu neman itace, da yara 'yan aike. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa mutane 81,000 zuwa 138,000 ke mutuwa kowace shekara a duniya saboda saran maciji. A shekarar 2017 ta sa shi cikin jerin cututtukan ƙasashe masu zafi da aka yi wa sakaci.

A wannan darasi za mu duba irin macizan da ke yankinmu da yadda suke rayuwa. Wanda ya san inda maciji yake kwana, da abin da yake ci, da lokacin fitowarsa, ya san yadda zai kauce masa. Muna ba da shawara a karanta darasin tare a taron zumuntar mata, da na matasa, ko bayan sujada.

Yadda maciji yake rayuwa

Akwai macizai iri-iri sama da 3,500 a duniya. Kimanin 600 ne masu dafi, kuma a cikinsu kimanin 200 ne ke iya kashe mutum ko su nakasa shi.

Jikin maciji ba ya yin ɗumin kansa kamar namu. Saboda haka da safe yakan fito shan hantsi, in rana ta yi zafi ya nemi inuwa a ƙarƙashin dutse, ko tsibin kara, ko ramin ɓera, ko tsohon suri. Da almuru yakan kwanta a kan hanya, domin ƙasar wurin tana riƙe ɗumin rana.

Maciji ba shi da kunne a waje, amma yana jin motsin ƙasa in ana tafiya. Harshen da yake fitarwa ba ya harbi, da shi yake sansana abin da ke kusa. Ba shi da fatar ido, shi ya sa ba a gane ko barci yake yi. Yana girma yana yin saɓa, kuma in muka ga sabuwar saɓa a bayan ɗaki, mai ita bai yi nisa ba.

Abincinsa ɓeraye ne, da kwaɗi, da ƙadangaru, da tsuntsaye da ƙwansu. Mutum ba abincinsa ba ne. Da dafi yake kama abinci, kuma yakan sari mutum ne in an taka shi, ko an taɓa shi, ko an tare masa hanya. Inda ɓera da kwaɗo suka yi yawa, maciji zai biyo su.

Masu dafin da suka fi yi mana ɓarna

Sunaye sukan bambanta daga gari zuwa gari, saboda haka mu lura da kamanni.

*Kububuwa.* Wasu suna kiranta gobe da nisa. Ƙarama ce, tsawonta bai cika wuce kamu ɗaya ba. Launinta na ƙasa ne, da ɗigo-ɗigon fari a gefe. In ta ji tsoro takan naɗe jiki tana goga ɓawonta, ana jin sauti kamar an ɗiga ruwa a kaskon wuta. Tana son wuri mai duwatsu da ciyawa, takan fito da yamma da dare, musamman bayan ruwa. Ƙwai take sakawa. Ita ce ta fi kashe mutane a yankunan Gombe, Taraba, Filato, Bauchi da Adamawa. Dafinta yana hana jini daskarewa. Wanda ta sara yana iya tashi ya ci abinci, ya ce ya ji sauƙi, alhali jini yana zuba a cikin jikinsa. Bayan kwana ɗaya ko fiye sai a ga jini a dasashi, ko a fitsari, ko a tsohon miki. Wannan jinkirin ne yake ruɗin iyalai da yawa har lokaci ya ƙure.

*Kasa.* Kakkaura ce, mai faɗin kai, tsawonta yakan kai mita ɗaya. Duk mun san zancen barcin kasa, amma ba barci take yi ba, kwanton ɓauna ne. Takan yi kwanaki a wuri ɗaya tana jiran ɓera, ga launinta ya saje da busasshen ganye. Ba ta gudu in ta ji tafiya, sai dai ta kumbura ta yi huci. Saranta yana da sauri ƙwarai. Dafinta yana kawo kumburi mai tsanani da ruɓewar nama, har wani lokaci a yanke ƙafa. Ita ba ta saka ƙwai, haihuwa take yi, 'ya'ya 20 zuwa 40 a lokaci guda, kuma kowane ɗa da dafinsa yake fitowa.

*Kumurci.* Wasu kan ce gamsheƙa. Dogo ne, galibi baƙi, yakan miƙe ya fasa kai. Yana feshin dafi zuwa idon mutum daga nisan mita biyu. Shi ne ya fi shiga gida da dare, yana bin ɓeraye, da kwaɗin gindin randa, da ƙwan kaji. Ta haka yake saran masu kwana a ƙasa. Dafinsa yana cin fata da nama. Akwai ɗan'uwansa wanda ba ya feshi, shi kuwa dafinsa jijiyoyi yake kamawa: fatar ido ta yi nauyi, haɗiya ta gagara, numfashi ya yi wuya. Irin wannan ba ya ba da lokaci.

*Ƙaramin baƙin maciji mai shiga ƙasa.* Jikinsa yana sheƙi, kansa da wutsiyarsa kusan kama ɗaya. Yakan fito da dare bayan ruwa. Yara sukan ɗauka ba shi da komai, amma yana iya fitar da fiƙarsa ta gefen baki ya soki yatsa ko da an riƙe shi a wuya. Kada kowa ya ɗauke shi da hannu.

Marasa dafi da amfaninsu

*Mesa* ba ta da dafi. Naɗe dabba take yi ta matse ta. Babba takan wuce mita huɗu, tana iya haɗiye ɗan akuya, kuma tana da haƙora masu yin rauni, don haka a ba ta wuri. Uwar takan naɗe ƙwanta tana gadi har su ƙyanƙyashe. Tana cin gafiya da sauran masu ɓarnar gona.

*Macijin gida* mai launin ƙasa-ƙasa ko baƙi-baƙi ba shi da dafi. A kewayen rumbu yake zama, yana bin ɓeraye har cikin raminsu.

*Mai shan ƙwai* kusan ba shi da haƙori ma. Yakan haɗiye ƙwan tsuntsu, ya fasa shi a maƙogwaro, ya amayar da ɓawon. Launinsa ya yi kama da na kububuwa, har goga jiki yake yi kamar ita don ya tsorata abokan gaba.

*Tsadaraki*, siririn nan mai gudu da rana, ɗan dafinsa na kama ƙadangare ne, ba ya kashe mutum.

Akwai kuma wani mai jiki kusurwa uku da kaushin ɓawo, wanda abincinsa wasu macizai ne, har da masu dafi.

Waɗannan duka halittun Allah ne, kowanne da aikinsa. In muka kashe duk macijin da muka gani, ɓeraye za su ƙaru a rumbu da gona. Ban da haka, mutane da yawa wurin ƙoƙarin kashe maciji ne aka sare su. Wanda muka gamu da shi a daji, mu ja da baya mu bar shi ya wuce.

Amma a lura da wannan da kyau. Tun da mai shan ƙwai yana kama da kububuwa, kububuwa ma tana kama da shi. Da dare, cikin firgita, ba mai iya rantsewa a kan abin da ya gani. Sanin macizai don kauce musu ne. In sara ya riga ya faru, kowane iri ne, asibiti za a nufa.

Rigakafi ya fi magani

- A sa dogon takalmin roba a gona, musamman lokacin shara da girbi. Galibin sara a ƙafa ne.
- Kada a fita da dare ba tocila, ko da zuwa bayan gida ne.
- Kafin a ɗaga dami, ko tsibin gyaɗa, ko kara, ko itace, a juya shi da doguwar sanda.
- A hana yara sa hannu a ramin gafiya, ko suri, ko kogon itace.
- A kwana a kan gado cikin gidan sauro, a cusa bakinsa ƙarƙashin katifa ko tabarma.
- A nome ciyawar kewayen gida, da majami'a, da makaranta, da hanyar rijiya.
- A raba akurkin kaji, da rumbu, da tarin itace da ɗakin kwana. A toshe ramukan ɓera.

In maciji ya sari mutum

1. A janye shi daga wurin, a kwantar masa da hankali. Kada ya yi gudu.
2. A cire zobe, da awarwaro, da takalmi kafin kumburi.
3. A ɗora wa ƙafar ko hannun sanda kamar na karaya, ba tare da matsewa ba.
4. A ɗauke shi zuwa asibiti nan take. In babur ne, wani ya zauna a bayansa ya riƙe shi.
5. In yana amai, a kwantar da shi a gefensa.
6. A riƙe lokacin da abin ya faru. Kada a tsaya neman macijin. Ko kan da aka sare yana iya sara.
7. In dafi ya shiga ido, a wanke da ruwa mai yawa na tsawon lokaci, kada a murza, sa'an nan a je asibiti.

Kada a ɗaure da igiya ko roba, domin yana kashe ƙafar. Kada a tsaga wurin, musamman saran kububuwa, don jinin ba zai tsaya ba. Kada a tsotsa. Kada a ba da giya, ko asfirin da irinsa masu ƙara zubar jini. Baƙin dutsen nan da aka daɗe ana ajiyewa a gidaje da ƙananan ɗakunan magani, bincike ya nuna ba ya zuƙe dafi. Abin da ya sa ake ganin kamar yana aiki shi ne, sau da yawa macijin marar dafi ne, ko mai dafi ne amma bai zuba ba.

A asibiti ana zuba jinin mutum a busasshiyar kwalba mai tsabta, a jira minti 20. In bai daskare ba, dafi ya shiga, sai a yi masa allurar kashe dafi. Asibitin masu saran maciji na Kaltungo a jihar Gombe, da cibiyar lafiya ta Zamko kusa da Langtang a jihar Filato, sun daɗe suna wannan aiki. A Kaltungo aka gwada allurai biyu, EchiTAb-G da EchiTAb-Plus, a kan mutane 400, sakamakon ya fito a 2010. Da dafin macizan Nijeriya aka haɗa su. Wannan yana da muhimmanci, domin allurar da aka yi don macizan Indiya ba ta aiki sosai a kan kububuwarmu. Saboda haka kada a sayi allura a kasuwa, a bar ma'aikacin lafiya ya zaɓa, shi kuma ya yi ta. Ko an yi jinkirin kwanaki, a je, allurar tana iya tsayar da zubar jini. Yara da mata masu ciki sun fi shiga haɗari.

Wani lokaci akan ce macijin turowa aka yi, sai a zauna gida ana zargin maƙwabci, dafi kuwa yana ta aikinsa. Mu yi addu'a, amma mu yi ta a kan hanyar asibiti.

Abin da ikilisiya za ta iya yi

Abu biyu ne suka fi jawo jinkiri: rashin abin hawa da rashin kuɗi a hannu. Dattawa za su iya zaɓen mutum biyu su binciko asibiti mafi kusa da ke da allurar, su karɓi lambar wayarsa tun kafin damina. A yi magana da masu babur biyu ko uku waɗanda za a iya tasa da tsakar dare. A ware ɗan asusu daga baikon girbi don kuɗin mai da magani, ya zama na kowa a ƙauyen. Ƙungiyoyin manoma kuma za su iya yin adashe su sayi takalman roba. Ranar 19 ga Satumba ce ranar wayar da kai a kan saran maciji a duniya, kuma ta zo daidai gabanin girbi.

Tambayoyi don tattaunawa

1. Waɗanne macizai muka fi gani a ƙauyenmu, kuma yaya muke kiransu da yarenmu?
2. A wane wata, kuma wurin wane aiki, aka fi saran mutane a nan?
3. Me ke jawo ɓeraye da kwaɗi kusa da ɗakunanmu?
4. In maciji ya sari yaro yau da dare, wa zai ɗauke shi, zuwa ina, da wane kuɗi?
5. Wane aiki ɗaya za mu yi tare kafin Lahadi mai zuwa?