Darasi: Hukuncin Fasa Manhajar Kwamfuta

Bismillahir Rahmanir Rahim. Bayan haka, ya 'yan'uwa matasa, da yawanmu a zango tsohuwar kwamfuta muke saya mai Windows 7, sai mu sa mata manhajar da aka fasa makullinta don gudun biyan kuɗi. To, mu lura da abubuwa uku.

Na farko, Shari'a. A shekarar 1417 bayan Hijira, Kwamitin Fatawa na Dindindin da ke Riyad, ƙarƙashin Shaikh Ibn Baz, ya ce bai halatta a kwafi manhajar da masu ita suka hana kwafa ba, sai da izininsu.

Na biyu, doka. Dokar Saudiyya ta 2003 ta tanadi tarar da ta kai riyal 250,000 ko ɗaurin da ya kai wata 6. Masu tafiya neman aiki Riyad su kiyaye.

Na uku, tsaro. Kamfanin Microsoft ya daina toshe ɓarakar Windows 7 tun Janairu 2020, kuma masu fasa manhaja sukan cusa cutar da ke satar lambobin sirrinmu. Gida ba ƙyaure, ga ɓarawo a ciki!

Mafita ita ce manhajojin kyauta na halal, kamar Linux da LibreOffice. Allah Ya sa mu dace, amin.