In Kotu ta Sallami Wanda Ake Zargi

Jama'a, akwai maganar da ake yawan ji a majalisar yamma: "An kama shi ƙiri-ƙiri, amma ga shi can yana yawo. Alƙali ya ci kuɗi!" Wani lokaci haka ne, ba mu musa ba. Amma sau da yawa shari'ar takan mutu tun kafin ta iso gaban alƙali.

A ce an fasa shagon wani mai tireda cikin dare, aka kwashe buhunan shinkafa. Ranar da aka kama yaron da ake zargi, unguwa ta cika, kowa yana rantsuwa shi ya gan shi. Sai ga ranar zaman kotu. Shaida na farko ya tafi cin kasuwar ƙauye. Na biyu uwargida ta ce masa, "Malam, ina ruwanka? Gobe in an sako shi kai zai nema." Na uku ya zo, amma da lauya ya tambaye shi ko akwai wuta a layin daren nan, sai ya kama inda-inda. Buhunan da aka samu kuwa, tuni mai shago ya karɓe abinsa ya sayar, ba a ko rubuta ba. To, me alƙali zai riƙe?

Ku tuna alƙali ba ya wurin lokacin da abin ya faru, kuma ba a yarda ya yi hukunci da jita-jitar gari ba. Kundin Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999, sashe na 36(5), ya ɗauki duk wanda ake tuhuma marar laifi ne sai an tabbatar da laifinsa. Dokar Shaida ta 2011, sashe na 135, ta ce tabbatarwar nan sai ta kai inda mai hankali ba zai yi kokwanto ba, kuma nauyin yana wuyan mai gabatar da ƙara. Wannan ba baƙon abu ba ne gare mu, don a shari'ar Musulunci ma mai da'awa ne ke kawo hujja, kuma shubuha tana kawar da haddi. Shi kuwa "ai ya amsa da bakinsa" da ake tinƙaho da shi, in kotu ta gano da kulki aka tatso amsar, sashe na 29 na Dokar Shaida ya hana karɓarta.

In masu ƙara suka gama kiran shaidunsu, lauyan wanda ake tuhuma yana iya miƙewa ya ce babu abin da aka kawo da ya isa a ce mutumin ya kare kansa. In alƙali ya gamsu, magana ta ƙare. Ta wannan hanya Babbar Kotun Kaduna ta wanke Shaikh Ibrahim Zakzaky da maiɗakinsa a watan Yulin 2021.

Dubi kuma shari'ar Manjo Hamza Al-Mustapha, babban dogarin Janar Sani Abacha, kan kisan Kudirat Abiola da aka harbe a Legas ran 4 ga Yunin 1996. A Janairun 2012 Babbar Kotun Legas ta yanke masa hukuncin rataya. A Yulin 2013 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta rushe hukuncin, domin manyan shaidun gwamnati, har da Saje Rogers, sun faɗi magana sun kuma dawo sun warware ta. Mutum ya yi fiye da shekara 14 a tsare, iyalan marigayiya kuma ba su ga an hukunta kowa ba. A ganina laifin nan na masu bincike ne da masu gabatar da ƙara.

Saura abu guda, kada a haɗa sallama da wankewa. In an kori ƙara don shaidu ba su zo ba, ko mai gabatar da ƙara ya yi ta neman a ɗage, galibi sallama ce kawai, ana iya sake kama mutumin a dawo da shi. In kuwa an wanke shi bayan an saurari shaidu, sashe na 36(9) na Kundin Tsarin Mulki ya hana a sake tuhumarsa kan wannan laifi, sai dai gwamnati ta ɗaukaka ƙara. Saboda haka mai tiredan nan, kafin ya je majalisa ya zagi alƙali, ya fara zuwa wurin magatakardan kotu ya nemi kwafin hukunci, ya kai wa wanda ya iya karantawa ya gaya masa wanne aka rubuta.