Yadda Ake Facin Tayar Keke

Ɗan'uwa mai zuwa makaranta a keke, idan tayarka ta sace, ba dole sai mai faci ba. Kifa keken, ka ɓamɓare gefen tayar da bayan cokali, ka zaro tif. Ba shi iska, ka tsoma a ruwa. Inda kumfa ke fita, nan ne hujin. Idan ya bushe, goga sanfefa, ka shafa sholisho, amma kada ka manna facin nan take. Bari ya ɗan sha iska, in ba haka ba zai ɓalle.

Kafin ka mayar da tif, lalubi cikin tayar a hankali. Muddin ƙayar tana nan, za ta sake huda shi tun ba ka kai ƙofar makaranta ba, ga makara, ga bulala.