Aikin malloc da free a Taskar glibc: Ina Gurbin da Aka Saki Yake Tafiya?

1.0 Gabatarwa

Ɗaliban kimiyyar kwamfuta da dama suna ɗauka cewa da zarar manhaja ta kira free, gurbin da ta saki a ƙwaƙwalwar kwamfuta ya koma hannun babbar manhaja ke nan. Wannan maƙala za ta nuna akasin haka, ta hanyar nazarin glibc, taskar umarni ta harshen C wadda mafi yawan tsarin Linux ke amfani da ita.

2.0 Taskar Tarayya

Taskar tarayya fayil ne mai ƙunshe da umarnin da manhajoji da yawa ke bukata. A Linux sunansa kan ɗauki .so, a Windows kuwa .dll. Ta glibc ana kiranta libc.so.6. Babbar manhaja takan ɗora umarnin cikinta sau ɗaya a RAM, manhajoji ɗari su ci moriyarsa, amma kowacce bayananta daban. A nan malloc da free suke zaune.

3.0 Sari da Awo

Kanel, wato cibiyar babbar manhaja, ba ya sayar da mudu, sai buhu. Shafi-shafi yake bayar da gurbi, kuma a na'urorin x86 kowane shafi bayit 4096 ne. Manhaja kuwa sau da yawa bayit 20 ko 50 take so. Aikin malloc shi ne ta saro da yawa, ta riƙa aunawa kaɗan-kaɗan, domin zuwa wurin kanel a kan kowace ƙaramar bukata yana cin lokaci.

Hanyoyin sarin biyu ne. Ƙananan bukatu ana biyan su ne daga wani fili da ake faɗaɗa iyakarsa da kiran brk. Manyan bukatu, daga kilobayit 128 bisa tsarin farko, ana yanka musu fili na musamman da kiran mmap, wanda ke komawa ga kanel da zarar an sake shi. Matsalar tana ga ƙanana. Idan aka saki ƙaramin gurbi, free takan jera shi ne a cikin jerin guraben da ke jiran mai nema. Tun daga glibc 2.26 ta shekarar 2017 ma, kowane zaren aiki yana da 'yar ma'ajiyarsa, tcache, inda ake fara ajiye irin waɗannan.

Filin brk kuwa daga ƙarshensa kawai ake iya rage shi. A ƙaddara manhaja ta karɓi ƙananan gurabe miliyan ɗaya, ta saki duka in ban da na ƙarshe. Wannan guda ɗaya ya tokare ƙofa, sauran filin yana nan a sunan manhajar, alhali babu komai a ciki. Mai lura da sabar zai ga RAM ba ta ragu ba, ya yi zargin yoyo, ya kwana yana neman kuskuren da babu shi. A ganin wannan nazari, ya kamata a fara gwada malloc_trim kafin a tuhumi mai rubuta manhaja.

4.0 Sauya Mai Awo

Tsarin glibc ya samo asali ne daga aikin Doug Lea, wanda Wolfram Gloger ya faɗaɗa domin zaruruwa masu yawa. Akwai wasu, kamar jemalloc ta Jason Evans da FreeBSD ke amfani da ita, da tcmalloc ta Google. Da yake taskar ta tarayya ce, ana iya gabatar da wata ta hanyar LD_PRELOAD ba tare da an sake harhaɗa manhaja ba. Sharaɗin shi ne, wanda ya auna gurbi shi ake mayar wa. Gurbin jemalloc da aka miƙa wa free ta glibc zai iya kayar da manhaja.

Tarayyar tana da nata haɗarin. A Janairun 2015 kamfanin Qualys ya bayyana ɓarakar GHOST, inda gethostbyname ta glibc ke iya rubutu har ta tsallake iyakar gurbinta. Sabunta fayil ɗaya ya wadatar wajen gyara, sai dai manhajojin da ke kan aiki sun ci gaba da riƙe tsohon kwafin a RAM har sai da aka sake tayar da su.